An liƙa oda a bangon kangona, alhali babu sunana a ƙarar

Baban Ilham: Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Shawara nake nema, musamman daga lauyoyi da malaman da ke cikinmu. Bara na sayi fuloti ta wajen Ɗanbare, awon igiya ne, a hannun wani Alhaji da ya sayi gona ya yanka. Mai unguwa ya sa hannu, shaidu sun sa. Gini ya kai linta. Shekaranjiya da sassafe maginina ya kira ni, wai ya tarar da takarda an liƙa a jikin bulo ta gefen ƙofa, da hatimin Babbar Kotu. Na je na karanta. Ashe ƙannen wanda ya sayar wa Alhajin gonar, mata uku, su suka kai ƙarar wansu da Alhajin, suna cewa gado ne ba a raba ba. Kotu ta ba da umarnin wucin gadi: kada a sayar, kada a yi gini, kada a taɓa komai a gonar sai an saurari buƙatarsu. Na duba takardar sama da ƙasa, babu sunana. Ba wanda ya kawo min sammaci. Ga siminti buhu 80 a ƙarƙashin leda, ga damina ta matso, ga mai gidan da nake haya ya ba ni wa'adi zuwa bayan babbar Sallah. Wannan odar ta hau kaina, ko tsakaninsu ne can?

Ɗan Kwari: Wa alaikumus salam. Malam, ci gaba da aikinka. Wanda aka kai ƙara shi ke da shari'a. Kai kuɗinka ka sa ka saya, ba sata ka yi ba. In ka ji shawarata ma ƙara leburori za ka yi, a yi dare a yi rana, ka buga kwano ka tare da iyalinka. Kango ake yi wa barazana, ba gidan da ake girki a cikinsa ba.

Maman Sadik: Haba Ɗan Kwari, ka ji tsoron Allah. Marayu mata ne fa suke neman haƙƙinsu.

Ɗan Kwari: Hajiya, ban ce ba su da haƙƙi ba. Su nema a wajen wansu da ya cinye kuɗin. Wannan bawan Allah me ya yi musu?

Babban Barista: Baban Ilham, kafin kowa ya yanke maka hukunci, koma kan takardar. Bayan sunan mutum biyun da ake ƙara, akwai wani dogon layi da ke biye. Me ya ce?

Baban Ilham: Ranka ya daɗe, da Turanci ne. Abin da na fahimta shi ne: an hana su, su da wakilansu, da ma'aikatansu, da waɗanda suka sami wani haƙƙi ta hannunsu, da duk mai aiki da yawunsu.

Babban Barista: To nan maganar take. Bari na fara da inda Ɗan Kwari yake da gaskiya, don yana da ita har wani waje. Asalin doka shi ne irin wannan umarni mutum yake kamawa, ba ƙasa ba. Alƙali ba ya magana da fili, yana magana ne da wanda ke gabansa. Kuma sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke wani abu a kan haƙƙinsa. Kotun Ƙoli ta sha nanata cewa ba a yi wa mutum hukunci a bayan idonsa, shari'ar Green da Green ta 1987 tana cikin waɗanda muke yawan kafa hujja da su. Saboda haka wannan takarda ba ta ƙwace maka fuloti ba, ba ta ce cinikinka ɓatacce ne ba, ba ta ma san da kai ba.

Amma kai ba baƙo ba ne a wannan gona kamar mai wucewa a kan titi. Haƙƙinka daga hannun Alhajin ya fito, shi kuma yana cikin waɗanda aka hana. Rigarsa ce a jikinka. Abin da lauyan matan nan zai faɗa wa alƙali ke nan ranar da ya ga an ɗora kwano: wannan yana cikin waɗanda suka sami haƙƙi ta hannun wanda ake ƙara, ya ga odar da idonsa, ya take. Kuma ka riga ka gani ɗin. Tun daga ranar da ka tsaya ka karanta takardar nan, matsayinka ya bambanta da na wanda bai sani ba.

Shawarar a yi dare a yi rana kuwa, tsohuwar dabara ce, kotuna sun daɗe da saninta. A Ingila a 1891, a shari'ar Daniel da Ferguson, wani ya sami labarin za a nemi odar hana shi gini, sai ya tara ma'aikata suka yi ta ɗora bango cikin gaggawa don ya riga kotu. Alƙalai suka ce a rushe abin da ya ɗora, tun ma kafin a kai ga wa ke da gaskiya a asalin rigimar. Kotunanmu suna da wannan ikon.

Anti Barista: Yallaɓai, ka yi min izini na ɗan saɓa maka. Ina ganin mun yi saurin saka shi cikin odar. Ba duk wanda ya saya a hannun wanda ake ƙara ne shari'ar ke ɗaurewa ba. Idan ya saya kafin a shigar da ƙarar, haƙƙinsa ya riga ya fita daga hannun Alhajin, ya zama nasa na kansa. Wanda ya saya tun kafin ƙara, hukuncin da aka yi wa mai sayarwa daga baya ba ya rufe masa baki. To in hukuncin ƙarshe ma haka ne, ina ga na wucin gadi? Laifin masu ƙara ne da ba su bincika waɗanda ke kan gonar sun haɗa da su ba. Gini ya kai linta, ai ba ɓoye yake ba.

Kuma abin nan yana damuna. Wasu abokan aikinmu sun mayar da dogon layin nan tamkar taru: a kai ƙarar mutum biyu, a fito da takarda, a bi unguwa ana liƙawa, mutum talatin su tsorata su ajiye aiki. Ba don haka aka yi odar da ake bayarwa ba tare da jin ɗaya ɓangaren ba. Kotun Ƙoli ta fayyace a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989 cewa sai da gaggawa ta haƙiƙa ake bayar da ita, ta ɗan lokaci ce kafin a saurari kowa, kuma mai nema sai ya ɗauki alkawarin biyan diyya idan ta bayyana bai cancanta ba. A Legas ma dokar kotunsu kwana 7 ta ba irinta.

Babban Barista: Barista, ban musa miki ba. Shi ya sa tambaya ta gaba ita ce mafi girma. Baban Ilham, yaushe ka saya?

Baban Ilham: Na ba da kafin alƙalami miliyan ɗaya da rabi a watan Satumba. Cikon miliyan uku sai Disamba na biya, a ranar aka rubuta takardar ciniki aka nuna min iyaka.

Babban Barista: Lambar ƙarar da ke saman takardar, wace shekara ce a ƙarshenta?

Baban Ilham: Ta bara ce.

Babban Barista: To ka ga inda gizo ke saƙar. Odar sabuwa ce, amma ƙarar tun bara take. Sai an duba fayil an ga ranar da aka shigar da ita. Akwai ƙa'idar da ta fi odar nan nauyi a kanka: abin da ke gaban kotu ba a sayar da shi. Idan ana shari'a a kan mallakar fili, ɗaya daga cikin masu shari'ar ya sayar da shi ana tsaka da ita, mai saye yana bin duk inda hukunci ya faɗi. Kotun Ƙoli ta tabbatar da haka a shari'ar Ogundiani da Araba a 1978. Abin da ya fi ɗaci a ciki, ba a duba ko mai sayen ya san da shari'ar ko bai sani ba. Dalili kuwa a fili yake: in da za a bar wanda ake ƙara ya riƙa sayarwa, duk ranar da aka kusa gamawa sai a tarar fili ya koma sabon hannu, a koma farko, shari'a ba za ta taɓa ƙarewa ba.

Ɗan Kwari: Wannan ai zalunci ne tsantsa, Barista. Mutum bai sani ba, bai ji ba, bai gani ba, a ce kuɗinsa ya bi ruwa? Ta ina zai san akwai shari'a? Kotu allo take kafawa a gona?

Dillalin Rijiyar Zaki: Alhaji, bari ni da nake cikin harkar na faɗa maka. Fili mai takardar gwamnati za ka iya zuwa KANGIS, hukumar da ke ajiye bayanan filaye a Kano, a duba maka fayil, ka ga sunan wa ke kai, ka ga ko an sa masa wata alama. Awon igiya ba shi da fayil. Abin da ke gare shi takardar mai unguwa ce da bakin mutane. Ni abin da shekaru suka koya min: duk gonar da aka ce ta gado ce, ba na tsayawa a kan babban wa. Sai na tura matata cikin gidan ta gaisa da matan. A tsakar gida ake jin gaskiyar gonar gado, ba a zaure ba. Sau biyu na fasa ciniki saboda abin da ta jiyo, na yi asarar la'ada, kuma duka biyun daga baya sun ƙare a kotu.

Maman Sadik: Allah ya saka maka da alheri. Ni abin nan a kaina ya faru, shi ya sa na kasa yin shiru. Gidan mahaifinmu a cikin gari, mu biyar mata, namiji ɗaya. Muka kai ƙara, aka ba da oda kada a taɓa gidan. Wanmu ya sayar. Wanda ya saya ya ce shi ba sunansa a takarda, ya rushe soro da ɗakunan gaba ya yi shaguna. Kafin a shigar da shi cikin ƙarar ya sayar wa wani, shi ma ya ce ba sunansa. Ranar da na bi ta layin na ga an sare durumin da ke ƙofar gida, inda mahaifinmu yake shimfiɗa buzu bayan la'asar, a bakin kwata na zauna na yi kuka, mutane suna wucewa suna kallona. Mun yi nasara daga ƙarshe, amma gidan da muka shiga kotu a kansa ba shi aka ba mu ba. Mahaifiyarmu ba ta ga ƙarshen shari'ar ba ma. To in kowa zai ce ba sunansa, me odar ta tsare? Baban Ilham, ba na ce kai macuci ne ba, wallahi na tausaya maka. Amma matan nan uku su ma wani abu suke gani yana tafiya a gaban idonsu.

Baban Ilham: Allah ya jiƙan su Baba da Mama, Hajiya. Wallahi ban taɓa sanin akwai su ba sai a takardar nan.

Malam na Tudun Wada: Allah ya jiƙan magabata. Ina so na ƙara wani abu ta fuskar fiƙihu, don kada a ɗauka dakatar da dukiya lokacin shari'a baƙon abu ne da Turawa suka kawo. Malamanmu na Malikiyya suna kiransa tauƙifi. Ibnu Asim, alƙalin Garnaɗa, ya yi masa fasali guda a Tuhfa, littafin da alƙalan kotunan shari'armu suke aiki da shi har yau. Gida ana kulle shi bayan an ba da lokacin kwashe kaya. Abin da ke kawo kuɗi, kamar gidan burodi ko injin niƙa, kuɗin shigarsa ake tsarewa. Fili kuwa a hana raya shi. Ku lura, a nan abin da ake jayayya a kansa aka tsare, ba a tsaya ga mutum kaɗai ba. Amma kuma shari'a ba ta yanke wa kowa hukunci sai an yi masa i'izari, an tambaye shi ko yana da sauran hujja. Ka ga abu biyun da lauyoyin nan suke ja a kai, duka suna nan.

Sai maganar gini. A Risala an bambanta mutum biyu. Wanda ya saya da kyakkyawar niyya ya gina, sannan mai haƙƙi ya bayyana, ana biyansa ƙimar gininsa a tsaye. In mai filin ya ƙi, mai ginin ya biya ƙimar filin. In shi ma ya ƙi, su zama abokan tarayya gwargwadon ƙimar abin kowa. Mai ƙwace kuwa, ana umartarsa ya cire gininsa, ko a ba shi ƙimar ɓaraguzai. Abin da ka gina zuwa linta, ɗana, ka gina shi ba ka sani ba. Ina ji maka tsoron bulon da za ka ɗora bayan ka sani, kada ya raunana maka wannan matsayi mai kyau da kake da shi.

Babban Barista: Allah gafarta Malam, ka taimaka. Kuma a Babbar Kotu abin ya fi haka tsanani, don ƙa'idar da aka gada daga dokar Ingila ita ce abin da aka kafa a kan ƙasa na mai ƙasar ne.

Magini: Ranku ya daɗe, ni tambayata ta kaina ce. Ba ni nake yi wa Baban Ilham aiki ba, amma irin wannan ta sha samuna. Mai gida ya ce ci gaba, ni na ɗauki nauyi. Ni lebura ne da cokali, kuɗin yini nake nema. In aka zo kamu, ni ma da ni?

Babban Barista: Da kai, matuƙar ka sani. Wannan ma ya fi na Baban Ilham sauƙin amsawa idan wanda ya sa ka aikin yana cikin waɗanda aka hana. Akwai tsohuwar shari'a ta 1897 a Ingila, Seaward da Paterson. An hana wani ɗan haya yin abin da ke damun maƙwabta a gidan da yake haya, sai aka ci gaba da shirya damben boksin a ciki. Kotu ba ta tsaya kan ɗan hayar ba, ta ɗaure har da wanda ya taimaka aka shirya damben, alhali ba ya cikin ƙarar. Hujjar alƙalan ita ce: ba muna hukunta ka don odar ta ambace ka ba, muna hukunta ka ne don ka san da ita ka taimaka aka wulaƙanta ta. Raina kotu ke nan. Da wannan ƙa'idar ce banki yake rufe asusun mutum da zarar an kai masa odar kotu, ko da bankin ba ya cikin rigimar. Mai gida ba zai iya ɗaukar maka zaman gidan yarin Kurmawa ba. In ka ga takarda, ajiye cokali, ka ce a kawo maka wata takardar daga kotu.

Anti Barista: Sai dai a ƙara da cewa ɗaure mutum kan raina kotu ba wasa ba ne, kuma ba a yin sa da ka. Akwai Fom 48, gargaɗin abin da zai biyo bayan saɓa umarni, akwai Fom 49, kira ka zo ka faɗi dalilin da zai hana a ɗaure ka. Ana son a miƙa wa mutum hannu da hannu, sai in kotu ta yarda a bi wata hanya. Kuma sai an tabbatar da laifin kamar yadda ake tabbatar da laifi a shari'ar laifuka, ba tare da kokwanto ba. Na ga buƙatun ɗauri da yawa sun faɗi saboda an tsallake waɗannan matakai. Ina faɗa ne don kada wani ya zo da takarda a hannu ya ce wa Magini yau za ka kwana a gidan yari. Haka kuma ba aikin 'yan sanda ba ne su yanke wa ke da fili, ko da yake mun san sau da yawa ta nan ake biyowa da ƙorafin shiga gona ba izini.

Babban Barista: Haka ne. Amma ni ba zan ba mutum shawarar ya jingina 'yancinsa da kuɗin rufinsa a kan fatan lauyan ɗaya ɓangaren zai yi kuskuren fom ba.

Anti Barista: Ni ma ban ce ya gina ba, Yallaɓai. Cewa na yi yana da ƙafar tsayawa, kada ya shiga kotu kamar mai laifi.

Ɗan Kwari: To wai ma wa ke bin odar kotu a garin nan? A watan Mayun 2024 lokacin rikicin masarautar Kano, ba ga oda daga kotun tarayya ga oda daga kotun jiha ba? Manya ba su bi ba, sai talaka mai buhu 80?

Shugaban Zaure: Ɗan Kwari, don Allah a bar maganar masarauta, dokar zauren nan ta hana. A tsaya kan matsalar ɗan'uwanmu.

Babban Barista: Ba zan shiga waccan ba. Zan dai tuna maka cewa a 1986 Kotun Ƙoli ta yi wa gwamnatin soja ta Legas kaca-kaca saboda ta fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi da ƙarfi alhali magana tana gaban kotu. Gwamnati ma an faɗa mata. Kuma mai ƙarfi in ya take oda yana da lauyoyi goma da za su tare masa. Baban Ilham ba shi da su.

Malamar Firamare: Salamu alaikum. Tun ɗazu nake karantawa gabana yana faɗuwa, don ina zaton gona ɗaya ce da tamu. Mu ma an liƙa mana a ƙofa ranar Talata. Amma mu shekara huɗu da saye, shekara biyu da tarewa, har akwai shago a jikin gidan da na ba mai gyaran waya haya. Maigidana ya rasu, takardun suna hannuna. Yanzu fita za mu yi? Kuɗin hayar shagon fa?

Anti Barista: Malama, kwantar da hankalinki. Ba inda za ki. Irin wannan oda aikinta ta tsayar da abubuwa yadda suke, ba ta tashi mai zaune ba. An ce kada a sayar, kada a gina, ba a ce a fita ba. Ke kin saya shekaru kafin ƙarar, ba kya cikinta, ba a saurare ki ba. Mai shagonki ya ci gaba da biyanki, sai in wata rana kotu ta faɗi wani abu a kan haya bayan ta ji daga gare ki. Akwai ma abin da lauyanki zai duba: kotu ba ta ba da odar hani a kan filin da ba a fayyace iyakarsa ba. In takardar cewa kawai ta yi gonar wane da ke Ɗanbare, babu taswira, babu iyaka, wannan kansa abin magana ne. Abin da kawai zan ce, kada ki sayar, kada ki ƙara ɗaki, kada ki jinginar a wannan tsakanin.

Babban Barista: Kuma kada ta zauna a gida ta ce ba ruwanta. Wannan shi ne tarkon da masu cewa ba sunana suke faɗawa. Akwai ƙa'idar da ke cewa wanda ya san ana shari'a a kan abin da ya shafe shi, ya naɗe hannu yana kallo wani yana yi masa yaƙi, ba zai dawo daga baya ya ce a sake sabon zama ba. An yi amfani da ita a shari'ar ƙasa tsakanin wasu sarakuna biyu na Gana a shekarun 1950, kuma kotunanmu suna bin ta. Ki duba wanda yake tsaye a madadinku yanzu: Alhajin da ya riga ya karɓi kuɗinsa. In ya gaji ya daina zuwa kotu fa? In suka sasanta da magada a kanku fa? Hanya ita ce ku nemi kotu ta shigar da ku cikin waɗanda ake ƙara, ku kawo takardunku da takardar rantsuwa, sannan ku roƙi a janye odar ko a taƙaita ta. Wanda oda ta taɓa yana da damar zuwa ya nemi haka. Kuna iya haɗuwa ku ɗauki lauya ɗaya, kuɗin zai yi sauƙi, sai dai a lura waɗanda suka saya kafin ƙara da waɗanda suka saya bayanta ba hujjarsu ɗaya ba.

Baban Ilham: Barista, simintin fa? In ya sha damshi ya daskare, wa zai biya ni?

Babban Barista: Alkawarin diyyar da masu ƙara suka ɗauka, in ka shiga ƙarar lauyanka zai iya neman ya haɗa da kai. Amma kada ka jira wannan, hanyarsa doguwa ce. Sayar da simintin nan ko ka mayar wa mai shago ya riƙe maka a rubuce. Kwashe kayanka ba gini ba ne. Ka ɗauki hoton kangon ta kowane ɓangare yau, da kwanan wata, don kada gobe a ce ka ƙara wani abu. Sannan ka rubuta wa Alhajin takarda ta hannun lauya, don in fili ya kuɓuce, kuɗinka a wuyansa yake.

Dillalin Rijiyar Zaki: In siminti ne, akwai mai gidan bulo a kan titin Gwarzo da zai ɗauka a farashin kasuwa. Ba na son la'ada a wannan.

Baban Ilham: Jama'a, na dawo da bayani. Jiya na sami lauya, muka je rajistarar kotu aka duba fayil. An shigar da ƙarar a watan Nuwamba, wato bayan kafin alƙalamina, kafin cikon kuɗi. An kai wa Alhajin sammaci tun a lokacin, ya karɓi miliyan ukuna a Disamba bai ce min uffan ba. Na kira shi sau shida bai ɗaga ba. Lauyan ya ce za mu tsaya a kan cewa cinikin ya ƙullu tun Satumba, amma bai ɓoye min ba cewa ɗaya ɓangaren za su ce sai Disamba aka kammala, kuma takardar ciniki tana goyon bayansu a wannan. Na sallami magini, an kwashe siminti. Ranar Alhamis za a saurari buƙatar, mun shigar da tamu ta neman a sa ni cikin ƙarar.

Anti Barista: Rasit ɗin Satumba yana nan?

Baban Ilham: Ta banki na tura, akwai shaida. Kuma dillalin da aka yi a gabansa yana raye, ya ce zai zo.

Maman Sadik: In ka ga matan nan a kotu ka gaishe su, Baban Ilham. Wataƙila in suka ga ba da ku suke faɗa ba, a sami hanyar da za a fitar musu da rabonsu daga fulotan da ba a sayar ba.

Baban Ilham: Zan yi, Hajiya. Lauyan ma ya ce akwai fuloti bakwai ta gabas da har yanzu suna hannun Alhajin.

Malamar Firamare: Baban Ilham, na tura maka saƙo ta gefe. Mu huɗu ne a layinmu muka haɗa takardu. Ƙarfe nawa za a shiga ranar Alhamis, kuma a kotun Audu Baƙo ne ko ta Miller Road?